Kaset Ɗin da Baban Rahila Ya Bari

Shekara tara ke nan da muka kai Baban Rahila makwancinsa. Sunansa Istifanus, amma ban taɓa kiransa haka ba duk zaman da muka yi, kuma ba yanzu da furfura ta gama kaina zan fara ba. Na rubuta sunan ne don masu karatu su san wanda ake magana a kai. Mai ɗaukar hoto ne a gidan talabijin a nan Kaduna, tun zamanin da hoto baƙi da fari ne har ya yi ritaya. Ni kuwa malamar firamare ce, na koyar a Trikania har alli ya dusashe mini murya. A unguwar Television muka zauna, a nan ya rasu, a nan nake har yau.

Duk shekara idan wannan wata ya zagayo, ba na yin wani taro. Nakan je coci, in dawo in dafa faten acca irin yadda yake so, da yakuwa har ya yi tsami, in ci ni kaɗai. Bana ne na ce zan rubuta, domin wani abu ya faru da ya shafe shi, kuma na gaji da ba wa bango labari.

Mutumin nan bai tara filaye ba, bai tara motoci ba, littattafai ya tara. Su ma ba irin waɗanda mutum zai karanta ya ji daɗi ba. Manyan kundaye ne na tarihin talabijin, masu nauyin tsiya, irin waɗanda ake buɗewa don neman sunan wani ko shekarar da aka yi wani abu, a rufe a mayar. Wasu ya saye su a wurin masu shimfiɗa tsofaffin littattafai a bakin titi, wasu kuma abokan aikin da suka je kwas ƙasar waje ya roƙa suka ɗauko masa. Shi kam karanta su yake yi kamar labari. Ranar Lahadi bayan mun dawo daga sujada zai fitar da kujera gindin mangwaro, ya lashi yatsa, ya juya can bayan littafin inda ake jera sunaye, ya nemi Najeriya. In ya samu, sai ya nemi Kaduna. Yawanci layi biyu ne ko uku, wani lokacin ma babu ko ɗaya. Sai ka ji tsaki.

"Maman Rahila, mutanen nan sun san wanda ya ɗaura ƙusar farko a jikin kyamara, amma ba su san akwai mu a duniya ba."

"To ka rubuta naku mana. An riƙe maka hannu ne?"

"Sai na yi ritaya."

Da ya yi ritaya ya ce sai ya huta. Da ya huta ya ce sai an duba masa ido. Aka duba ido, ya ce sai bayan damina. Har Ubangiji ya kira shi bai rubuta layi ɗaya ba. Na sha yi masa tsiya a kan haka, amma na san ba lalaci ba ne. Damuwarsa ita ce me zai nuna wa mai karatu. A farkon aikinsu kai tsaye ake watsa shiri, da an gama ya bi iska. Da kaset ya zo kuma, tsada gare shi, don haka shafewa ake yi a sake ɗora wani abu a kai. Nakan ga ya dawo fuska a murtuke, in tambaya, ya ce, "Yau mun shafe makaɗan kalangu mun ɗora taron 'yan siyasa." Ɗan abin da ya tsira daga shafewa, da aka canza injuna sai aka jibge shi a ɗakin ajiya, laima ta gama da shi. Mutum ya ba wa aiki ƙuruciyarsa gaba ɗaya, amma babu abin da zai ɗauko ya ce wa jikansa ga aikina.

Shi kansa ma haka ya tafi. Mutumin da ya ɗauki hoton rabin garin nan, hotunansa da nake da su ba su cika tafin hannu ba. Akwai na aurenmu, ya ƙame kamar soja. Akwai na katin shaidar aiki, wanda ko ni in na kalla sai in ji kamar zai tambaye ni laifin da na yi. Mai motsi kuwa babu. Da wayoyi masu kyamara suka zo, 'yarmu Rahila ta yi ta ƙoƙarin ɗaukarsa, amma duk ɗan bidiyon da ta fara iri ɗaya yake ƙarewa: tafin hannu ya rufe hoton, murya ta ce, "Kawo nan, ba haka ake riƙewa ba." Daga nan shi zai koma mai ɗauka, mu mu koma abin ɗauka.

Abu ɗaya ya bari. A kan kantar littattafan nan, a matse tsakanin kundaye biyu, akwai wani kaset na wurin aiki, ya fi irin na gida girma da kauri. Ba a rubuta komai a jikinsa ba sai "Kakau". Na taɓa tambayarsa mene ne a ciki, ya ce aikin banza ne, ya canza magana. Tun da ba mu da injin da zai ɗauke shi, ban sake bi ta kai ba.

Sai bayan rasuwar na ji labarinsa daga bakin Alhaji Sabi'u. Alhaji injiniya ne, tare suka yi aiki, da ya ajiye aiki ya buɗe shagon gyaran rediyo da talabijin a Makera. Abota ce ta gaske. Ko a shekarun da garin nan ya yi tsami, kowa ya ja jiki ya koma cikin nasa, Alhaji bai daina turo mana naman Sallah ba, mu ma ba mu daina aika masa shinkafar Kirsimeti ba. Ya zo gaisuwa, yana zaune a falo, idonsa ya faɗa kan kaset ɗin, sai na ga ya miƙe.

Ya ce sun je ƙauyen Kakau ne ɗaukar shirin manoma. Da aka gama aiki, Baban Rahila ya ajiye kyamara ya koma gindin ɗorawa yana cin gasasshiyar masara. Shi kuma Alhaji, don tsokana, ya lallaɓa ya ɗauki kyamarar ya juya ta kansa, ya daɗe yana ɗauka kafin mutumin ya farga. Shirin dai ba a taɓa nuna shi ba, ya ce ya manta dalili. "Amma yana nan, Maman Rahila. Yana can ƙarshen zaren kaset ɗin, da ransa da lafiyarsa, yana tauna masara."

Na kusa cewa tashi mu tafi yanzu. Alhaji ya ɗaga mini hannu. Ya ce yana da tsohon inji guda ɗaya da ya rage, amma in san abin da zan shiga. Zaren ya tsufa, ya sha laima, irinsu sukan manne. Ba za a iya gudu da shi zuwa ƙarshe ba, zai tsinke, dole a bi shi a hankali daga farko. Wataƙila ya kai, wataƙila ya lalace a hanya, kuma in ya lalace, shi ke nan. "Sau ɗaya zai yarda a kalle shi, in ma ya yarda. Shawara taki ce."

Na ce a bar shi. Na naɗe shi a tsohon zanen zumuntar matan coci, na sa a akwati. Tunanina shi ne, muddin ba a kunna ba, yana ciki. Duk damina sai in ciro in shinshina, in ji ko ya fara warin fumfuna, in mayar. Rahila ta yi faɗa har ta gaji. "Mama, ajiyar nan da kike yi ita ce ke kashe shi." Gaskiya ta faɗa, kuma gaskiyar ce ta fi ba ni haushi. Na ce mata ranar da ta binne miji sai ta zo ta koya mini.

A shekarun nan na sha tambayar kaina me zai ce da ya ga yadda duniya ta koma. Yau kowa mai ɗaukar hoto ne. Mai sayar da lemo a bakin kasuwa yana da shirinsa, 'yan mata a gaban coci suna ɗaukar kansu da kansu. Wannan na ƙarshen ne zai fi ɗaure masa kai, domin a wurinsa kyamara abu ne da ake juya wa waje, ba a juyo da ita kan fuskar mai riƙe da ita. Na san zai tsaya a bakin titi yana gyara wa mutanen da bai sani ba: wannan ya yanke kan mutum, wancan ya fuskanci rana, waccan ta riƙe waya a tsaye. Da sai na riƙa jan rigarsa muna wucewa. Amma ina jin wani ɓangare na zuciyarsa zai yi sanyi, ganin yanzu ba sai an shafe makaɗi ba kafin a samu wurin ɗora ɗan siyasa. Yaran unguwarmu kuwa, da suke zaune a Television amma ba sa kallon talabijin, wannan kam ban san yadda zai yi da su ba.

A farkon bana wata mata ta yi sallama a gidana. Dokta Hadiza sunanta, malamar jami'a ce, Alhaji Sabi'u ne ya turo ta. Ta ce kundi take haɗawa na mutanen da suka yi aikin talabijin a Arewa, ba masu karanta labarai kaɗai ba, har masu kyamara, masu fitila, masu jan waya, direbobi. Gida gida take bi, kuma sau da yawa kafin ta iso sai ta tarar an yi jana'iza. Ta shiga raina tun daga ƙofa, domin ta cire takalmi, ta ci abincina ba tare da yanga ba. Da ta ga kantar littattafan sai ta durƙusa a gabanta tana shafa bayansu ɗaya bayan ɗaya, tana cewa, "Mama, wannan na neme shi har na haƙura." Na juya na shiga kicin don kada ta ga idona. Littafin da ya yi ta cewa sai bayan damina, ga shi wata ta zo rubutawa, shi kuma ba ya nan.

Na ba ta duk abin da na sani. Da ta nemi hotonsa a bakin aiki, na miƙa mata na katin shaida. Ta kalla, sannan ta ce Alhaji ya yi mata maganar wani kaset. Na ce Alhaji bakinsa ya cika tsawo. Ba ta matsa mini ba, na yaba mata. Sai da ta tashi tafiya, tana saka takalmi, ta ce akwai abin da ya kamata in sani. Idon Alhaji ya yi rauni, bayan Sallah zai rufe shago, ɗansa zai mayar da wurin na sayar da waya. Tsofaffin injunan kuma 'yan gwangwan sun riga sun zo sun gani. Ta ce ita dai ba ta san wani a garin nan da ya rage da irin injin da kuma hannun da ya iya shi ba.

Kwana da kwanaki ina juya maganar. In na kai, wataƙila in rasa shi. In ban kai ba, zan mutu in bar wa Rahila kwalin roba da babu mai iya buɗewa. Tsoro nake ji, ba wani abu ba, kuma na faɗa wa Ubangiji haka ƙarara. Wata safiya na ɗaura ɗankwali, na kira Rahila na ce ta zo ta raka ni Makera kafin in canza ra'ayi.

Mun tarar da Dokta ta riga mu, ta jona kwamfutarta da injin don duk abin da ya fito a kwafe. Babu wuta, aka tayar da janareta. Alhaji ya sa tabarau biyu, ɗaya a kan ɗaya, yana goge cikin injin da auduga. Ya karɓi kaset ɗin da hannu biyu. Ya yi bisimilla, ni ma na yi tawa addu'ar, Rahila ta riƙe mini gefen zane.

Da farko layuka ne kawai ke gudu. Can sai ga gona. Kakau ce ta wancan zamani, kore shar, masara ta fi mutum tsawo. Ga wani malamin gona ya sha babbar riga, ya tsaya ƙyam yana bayanin takin zamani da murya irin ta mai wa'azi. Hannunsa ɗaya yana baya, ya ɓoye wata ƙatuwar masara da zai fito da ita a ƙarshe ya nuna wa manoma amfanin takin. Hoton a tsaye yake cak, tsaf da shi, Alhaji yana ta gyaɗa kai. Sai ga wani bunsuru ya shigo ta gefe. Ya zagaya bayan malamin, ya shinshina, ya fara aiki. Malam ya ji ana ja, ya ɗauka wani ne ke masa alamar lokaci, ya ƙara ƙanƙame masarar ya ci gaba da bayani. Da ya zo wurin da ya ce, "To, ku dubi abin da taki ke yi," ya fito da hannu, rabin totuwa ce a ciki.

A nan hoton ya fara rawa. Ya yi sama ya yi ƙasa, ƙanana ƙanana, ya tsaya, ya sake ɗauka da ƙarfi. Alhaji ya zabura ya kai hannu kan injin. "Kai, ya fara! Injin ne. Istifanus ko a kan jaki ka ɗora shi, hannunsa ba ya motsi."

"Alhaji, kada ka taɓa!" Ban san na yi ihu ba sai da na ga kowa ya juyo. "Ba inji ba ne. Dariya yake yi."

Baban Rahila ba ya dariya da murya. Aikin ne ya mayar da shi haka, domin a ɗakin ɗaukar shiri ko tari ka yi makirfo zai kama. Sai ya koyi haɗiye ta, ta koma kafaɗu. Fuska a ɗaure, baki a rufe, amma kafaɗun nan suna aiki. A coci, idan mai sanarwa ya yi ɓaram-ɓarama, ba na buƙatar in juya in kalle shi, bencin da muke zaune a kai ne ke gaya mini. Zai girgiza kaɗan, ya tsaya kamar ya ci ƙarfinta, sai ta sake ƙwace masa. Ita ce a gabana, daidai da daidai, da ɗan tsayawar nan ta tsakiya. Kyamarar a kafaɗarsa take. Shekara tara ban ji wannan girgiza ba, kuma sai a lokacin na gane ita na fi kewa.

Alhaji ya zauna daɓas a kan benci, ya cire tabarau, yana dariya hawaye na zuba. "Shi ya sa ba a nuna shirin ba! Shi ya sa ya gudu da shi gida! Ashe ɓoye abin kunyarsa ya yi, ja'iri." Duk aikinsa mai kyau an shafe, wanda ya ɓata ne kaɗai ya rayu, shi ma don ya ɓoye shi.

Muna cikin haka hoton ya fara yin fari fari. Injin ya yi wata ƙara, ya yi nishi, ya tsaya. Alhaji ya kashe da sauri ya buɗe. Zaren ya naɗe, fatarsa mai ruwan ƙasa ta saɓule ta bar shi fes kamar leda, ragowar kuma ta manne ta zama dunƙule ɗaya. Ya daɗe a sunkuye yana lallaɓawa da ɗan tsinke. Daga baya ya ɗago, bai iya kallona ba. "Maman Rahila, ki yafe ni. Ba mu kai gindin ɗorawa ba."

Ba zan yi wa masu karatu ƙarya ba, abin ya yi mini ciwo, har yau yana yi. Na so in gan shi yana tauna masarar nan. Na so in ga lokacin da ya farga ya miƙe. Rahila ta yi kuka a cikin keke tun daga Makera har gida, ni kuma na rungume kwalin da babu kowa a ciki. Na ce wa Alhaji babu abin yafewa, kuma da gaske nake. Shi ne ya ba ni labarin, shi ne ya gaya mini gaskiyar haɗarin, ni na zaɓa.

Kundin Dokta yana wurin masu bugawa. Ta nuna mini shafinsa. Layuka kaɗan ne, da sunansa, da irin aikin da ya yi, da hoton katin shaidar nan mai ɗaurarriyar fuska. An rubuta cewa abokan aikinsa sun shaide shi da tsayayyen hannu. Zai ji daɗin wannan, ko da yake zai ce an yi masa rowar layi. Littattafansa na ce ta kwashe ta kai ɗakin karatu, inda za a riƙa buɗe su, domin a nan ƙura kawai suke sha.

In na auna abin da ya rage na mutumin nan, ba shi da yawa. Akwai suna a littafi, akwai 'ya mai taurin kai irin nasa, akwai aboki a Makera da har yanzu yake aiko ɗansa ya duba ni. Sai ɗan guntun hoton nan da Rahila ta sa mini a waya, wanda duk baƙon da na nuna wa sai ya ce, "Ayya, hoton ya lalace."

Makon jiya Dokta ta kira ni. Ta ce za su adana guntun tare da kayan kundin, kuma masu kwamfuta sun ce yanzu akwai yadda ake cire rawar hoto, ya tsaya cak kamar ba a taɓa girgiza shi ba. Ta ce ta ga ya dace a yi haka don mutuncin aikinsa, tun da shi ne kaɗai abin da mutane za su gani daga hannunsa, amma sai da izinina.

Na san abin da zai ce da yana nan. Kafin ta rufe baki zai ce a gyara, har ya ƙara da godiya. Shekaru nawa ya yi yana ɓoye abin nan a tsakanin littattafai. Ina cikin wannan tunani sai ta ce, "Mama, kina ji na?"

Na ce ina ji, 'yata. Na ce ya yi haƙuri a inda yake, sau ɗaya dai zan ƙi bin maganarsa. Ku rubuta a littafi cewa hannunsa ba ya motsi, gaskiya ne. Amma wannan ku bar mini shi yana rawa.